Ƙarar Ƙanƙara a Kunnen Auta

Abin da Auta ta fara lura da shi ɗan ƙarami ne. A gefen allon kwamfutarta akwai jerin sunayen 'yan wasa biyar, kowane suna da ɗan hoton makirufo a gabansa. Na wanda ake kira Sanyi yakan mutu na ɗan lokaci, kamar ƙiftawar ido biyu, sannan ya dawo. Sai da ta yi mako guda kafin ta gane dalili: mura yake yi. Duk sanda atishawa ta taho masa sai ya kashe makirufo, ya yi abarsa shi kaɗai, ya dawo ya ce, "Mu je."

Mijin Yayarta ne ya ba ta tsohuwar kwamfutarsa, ya kuma saka ta a rukunin wasu samarin garin da ke haɗuwa a wasan duk yammacin Asabar. Mutum biyar za su ratsa wani rusasshen birni tare, huɗu na faɗa, ɗaya na bin su da magani. Ita ce mai maganin. Allura ta sa wa kanta, domin a ɗakin gwaje-gwaje na asibiti take aiki.

Jini, fitsari, majina, har da abin da ba a ambata a gaban abinci, duk suna ratsawa ta hannunta kullum, ko yatsina fuska ba ta yi. Amma akwai abu ɗaya da ke tayar mata da zuciya, shi ne bakin Guguwa.

Guguwa bai san makirufo yana da maɓallin kashewa ba, ko kuwa ya sani bai damu ba. Komai nasa a kunnen mutane yake yi. Gyatsa, kakin majina, jan hanci. Uwa uba taunar ƙanƙara, ƙurus-ƙurus-ƙurus, kamar akuya ta samu busasshiyar masara, sai ya tsotse ruwan da ƙara, ya bi da zagi. Sau da yawa Auta takan cire hedifon ta goge kunnenta da tishu, sai ka ce wani abu ya ɗiga a ciki.

Wata Asabar baƙuwa ta shigo rukunin. Sallama kawai ta yi. Guguwa na jin muryar mace ya buɗe baki kamar an fasa masai. Tambayoyin da ya jero mata, ko a takarda ba sa rubutuwa.

"Malam, ka ji tsoron Allah," in ji Sanyi. "'Yar mutane ce."

"Limamin wasa ya fara huɗuba!" Guguwa ya sheƙe da dariya, dariyar da ke ƙarewa da jan hanci.

Baƙuwar ta fita, ba ta sake dawowa ba. Tun ranar Auta ta yi wa kanta alkawari ba za ta taɓa kunna makirufo ba. Rubutu kawai. Kowa ya ɗauka Allura namiji ne mara son magana, ita kuma ta bar su a haka.

Bayan wasan sai ga saƙo ya shigo mata ita kaɗai.

"Allura, sannu da aiki. Sau uku ka tashe ni yau. Ba wanda ke gode wa mai magani, shi ya sa na ce bari in yi."

Ta daɗe tana kallon saƙon kafin ta rubuta: "Ba komai. Ka daina shiga gaba kai kaɗai."

"To, Likita."

Daga nan hira ta ɗore. Ta san firji da injin sanyaya ɗaki yake gyarawa, a nan sunan ya samo asali. Ta san shi ke kula da mahaifinsa tun da ƙafa ta gaza wa tsohon, shi ya sa wani lokaci yakan rubuta "minti biyu, Baba na kira," ya bar su a tsakiyar faɗa ba tare da ya waiwaya ba. Wata shida suna haka. Rannan ta gaji da ɓoyo, ta rubuta masa:

"Akwai abin da ban faɗa maka ba. Ni mace ce."

Shiru. Yini ɗaya, biyu, uku.

A wurin aiki ta riƙa liƙa takarda a kan kwalabe tana jin haushin kanta. Ashe duk kanwar ja ce, ta ce a ranta. Wani ya yi da baki, wani ya yi da gudu. Har ta ɗauki niyyar goge wasan, sai ga shi a rana ta huɗu.

"Ki yi haƙuri da shiruna. Komawa na yi na karanta duk abin da na taɓa rubuta miki tun daga farko, in ga ko na taɓa faɗin abin da bai dace a faɗa wa 'yar mutunci ba. Na samu guda biyu. Na kira ki 'ɗan iska' ranar da kika bar ni na mutu, na kuma ba ki labarin gudawar da na yi. Ki yafe mini."

Auta ta yi dariya har abokiyar aikinta ta leƙo.

"Ta biyun sana'ata ce," ta rubuta. "Ta farkon kuma ka cancanci mutuwar."

Da firjin ajiye jini ya lalace a wurin aikinsu, ita ta miƙa wa shugabarta lambarsa. Ya zo da akwatin kayan aiki, dogo, siriri, kunnuwansa sun ɗan fito. Da ya gama, hannayensa baƙi ƙirin da maiƙo, ya tsaya a bakin ƙofa ya ƙi taɓa mariƙin.

"Don Allah a buɗe mini, kar in ɓata muku."

Ta buɗe. Kanta a ƙasa ta ce, "Ka daina shiga gaba kai kaɗai."

Akwatin ya kusa suɓuce masa.

Da yamma ya rubuto: "Allurata, ashe haka muryarki take, kika hana ni wata shida? Allah ya isa."

"Injiniyan firji, ka yi a hankali, a wasa jininka a hannuna yake."

"Ki riƙe. Har zuciyar ma."

Matsalar daga Mama ta taso. Ranar da Auta ta faɗa mata, tana ninke kaya a falo, sai da ta ajiye zanin da ke hannunta.

"A ina kika ce kun haɗu?"

"A wasan kwamfuta, Mama."

"Wasa. Na kai ki jami'a, ki rasa inda za ki samo miji sai cikin wasa? Wa ya san asalinsa? Mutumin kirki ne zai zauna yana harbin aljanu a allo? Ga ɗan aminiyata, Barista guda, yaro mai natsuwa, in ya gaishe ni har ƙasa yake kaiwa. Ba zan miki dole ba, Auta, amma wannan mai firjin ba da yawuna ba."

Auta kuwa ba za ta yi aure ba da yawun Mama ba, ta san haka, shi ma Sanyi ya sani.

"Kar ki yi musu da ita," ya rubuto. "Uwa ce. In ta ga ban dace ba, akwai abin da ta hango."

"Ba abin da ta hango sai kwat da turare."

Barista ya zo ranar Lahadi. Kwat mai ruwan toka, takalmi na ɗaukar ido, turarensa ya riga shi shigowa. Ya durƙusa wa Mama har gwiwa na taɓa kafet. Awa guda yana magana a kan shari'o'in da ya ci da motar da zai sauya, bai tambayi Auta ko sunan asibitinsu ba. Ita dai "eh" da "a'a" take yi, su ma a ciki.

Mama ta kawo lemo da ƙanƙara a kofi, ta ba su wuri. Ya shanye lemon, ya karkata kofin, ya zuba ƙanƙarar a baki.

Ƙurus. Ƙurus-ƙurus.

Auta ta ɗago kai. Ya tsotse ruwan da ƙara. Sannan ya tuna wani abin dariya da ya faɗa wa alƙali, ya sheƙe, dariyar ta ƙare da jan hanci.

Ta miƙe da sauri ta shige banɗaki, ta tsaya a kan wurin wanke hannu tana maida numfashi. Wata takwas wannan bakin yana cikin kunnenta. Yau ga shi a falonsu, yana shan lemo a kofin Mama.

Ba ta faɗa wa Mama ba. Ta san amsar da za ta samu: sharri, don ba kya son sa. Sai ta jira Asabar.

"Mama, zo ki ga wasan nan sau ɗaya. In kin gani kika ce in bari, na bari. Har shi mai firjin."

Mama ta shigo ɗakin tana taɓe baki, ta zauna a bakin gado. Auta ta ɗora mata hedifon a kan ɗankwali, ta gyara shi a kunnuwanta, ta jawo makirufon kusa da nata bakin. Ta danna maɓallin da ba ta taɓa dannawa ba.

"Salamu alaikum. Allura ce."

Ita ba ta jin abin da ake faɗa, fuskar Mama kawai take karantawa. Ta ga hoton makirufon Guguwa ya haska, ya ƙi mutuwa. Ta ga girar Mama ta haɗe. Ta ga bakinta ya buɗe a hankali, hannunta ya tafi ƙirji. Guguwa bai gane muryar ba. Ina zai gane, mutumin da bai taɓa sauraronta ba?

Sai makirufon Sanyi ya haska, ɗan gajeren lokaci. Na Guguwa ya sake haskawa. Can Mama ta zabura kamar an mare ta.

Da yatsu biyu ta cire hedifon, kamar mai ɗauke mataccen ɓera, ta ajiye a kan tebur.

"Ba ni tishu."

Ta goge kunnen dama, ta goge na hagu.

"Aminiyata ce ta leƙo ɗakinsa," ta ce, muryarta ƙasa-ƙasa. "Na ji muryarta. Tambayarsa ta yi ko zai ci abinci. Kin san abin da ya ce mata? Matar da ta sayar da sarƙarta ta kai shi makaranta?" Ta girgiza kai. "A'a. Ba zan maimaita ba, bakina da alwala."

Sannan ta ce, "Wane ne mai cewa 'ka ji tsoron Allah, 'yar mutane ce, kuma ko ba 'yar kowa ba ce ba ka da hurumi'?"

Auta ta sunkuyar da kai.

Mama ta miƙe, ta kai bakin ƙofa, ta tsaya. "Ki kira mini mai gyaran nan. Firjinmu na ƙara."

"Mama, lafiyarsa ƙalau."

"Ni da ke wa ya haifi wani? Na ce yana ƙara."

Ya zo washegari. Ya duba firjin gaba da baya, ya saurara, ya goge ƙurar bayansa, ya miƙe.

"Mama, gaskiya ba abin da ya same shi. Ki dai riƙa matsar da shi daga bango kaɗan."

"Ba za ka canza komai ba?"

"In na canza na cuce ki."

Mama ta kawo masa lemo, ta cika kofin da ƙanƙara har baki, ta zauna ta zuba masa ido. Auta na leƙe ta bayan labule, kamar ta nutse. Ya sha a hankali, ya ajiye kofin da ƙanƙararsa a ciki, ya ce an gode.

"Yaya jikin mahaifin naka?" in ji Mama.

"Da sauƙi, Mama. Yana gaishe ki."

"Ka ce masa ina amsawa. Ka kuma ce masa ya turo manya."

Bayan wata uku aka ɗaura aure. Da za a tafi da ita Mama ta riƙe hannayensu biyu ta ce, "Allah ya yi muku albarka, ya ba ku zaman lafiya. Ya sa abin da za ku faɗa wa juna a ɓoye ya fi wanda za ku faɗa a gaban mutane daɗi." Aminiyarta ma ta zo, ta rungume Auta ta sa albarka. Mama ba ta taɓa faɗa mata abin da ta ji ba.

Asabar ta biyu bayan biki, suka jera kwamfutoci biyu a kan tebur ɗaya a ɗan falonsu. Baba na kan kujerarsa a gefe yana sauraron rediyo.

"Allurata, kin shirya?"

"Ka dai daina shiga gaba kai kaɗai."

"Ai na daina. Ba ga shi na yi aure ba?"

Sunaye biyar suka bayyana. Tun kafin a fara, ƙurus-ƙurus ta cika kunnuwa. Sanyi ya tura hoton bikinsu a wurin rubutu na rukunin, ya rubuta a ƙasa: "Ni da Allura. A taya mu da addu'a."

Sauran biyun suka kaure da ihu. "Kai! Allura ce wannan? Allah ya sanya alheri! Allah ya ba da zuri'a ɗayyiba! Shi ya sa kullum shi ake fara tasarwa!"

Auta ta danna maɓallinta. "Amin, na gode. Kai kuma ka riƙa ɓuya, ba sai na tashe ka ba."

Ana cikin dariya ta lura taunar ta tsaya. Ta kai ido gefen allo. A hoton ga ta nan, ga Mama a bayanta, ga aminiyar Mama a gefe tana murmushi. Hoton makirufon Guguwa, wanda ba ta taɓa ganin ya mutu ba, ya mutu.

Sunan ya ɗan jima a wurin. Sannan jerin ya koma huɗu.