Ranar da Mero Ta Kama Sunan 'Yar Fari

Mero na tankaɗen garin gero a gidanta na Fakku aka kawo mata labarin rasuwar Atu, yayar mijinta marigayi. Rariyar ta suɓuce mata. Ba mutuwar kaɗai ta kaɗa mata hanta ba. A hannun Atu ta bar 'yarta ta fari, Hamdiya, tun shekarar da mijin ya rasu rumbu ya ƙare, ba a daɗe da yaye ta ba. Yanzu har ta shiga sakandare.

A ranar Mero ta shiga mota zuwa Tambuwal, gidan Atu. Duk zuwan da ta taɓa yi, bakin ƙofa take rakuɓewa ta kau da kai, don uwa ba ta duban ɗan fari gaban dangin miji, balle ta kama sunansa. "'Yar Atu" take cewa.

Bayan sadakar bakwai, Baffa Na'iya, ƙanen marigayiyar, ya tara su a tsakar gida. Ya ce shi zai ci gaba da riƙon yarinya, sai fa in ita ta zaɓi bin uwarta. Aka tambayi Hamdiya.

"Wace uwa?" ta ce, idonta jawur. "Uwata tana kushewa. Wagga ko sunana ba ta sani ba. Ban taɓa jinai bakinta ba."

Tsofaffi duk sun zuba wa Mero ido. In ta yi magana, har ta mutu marar kunya za a riƙa ce mata. In ta yi shiru, yau akwatin yarinyar zai kwana gidan Na'iya, shi ke nan.

Ta ɗago, ta dubi 'yarta tsakar ido.

"Hamdiya," ta ce. "Ni nac ce ma babanki shi sa miki shi. Kullum nika faɗinai cikin sujada, inda babu mai jina."

Wata tsohuwa ta rafka salati. Na'iya ya sunkuyar da kai. Hamdiya ta daɗe tana murza bakin hijabinta.

"Ƙara faɗi," ta ce a hankali.

Mero ta ƙara, hawaye na shiga mata baki. Yarinyar ba ta rungume ta ba. Ɗaki ta shiga, ta jawo akwatinta, ta ajiye a gefen tabarmar uwarta, ta zauna.

Kunya abu ne mai kyau, amma yaro ba ya ganin abin da ke cikin zuciya. Wanda yake son ɗansa, ya bari ɗan ya ji da kunnensa.