Goge a Ƙarƙashin Gadon Biak Lian

Ranar Litinin da ƙarfe tara na safe Lionel Yeoh ya shigo caji ofis yana ta zuba ƙamshin turare, ya ce an sace masa goge.

Sufeto Thanabalan na cikin shan shayi. Shekararsa ashirin da shida yana aikin ɗan sanda a George Town, babban birnin tsibirin Penang, kuma ya daɗe da daina ajiye kofi don mai kuɗi ya shigo.

"Goge?" in ji shi.

"Ba irin wanda kake tunani ba, Tuan, ranka ya daɗe. Ƙirar Italiya ne. Ya girmi kakan kakanka."

"To madalla. Yaushe tsohon ya ɓata?"

"Na bar shi a ɗakin da muke gwajin kiɗa ranar Asabar da yamma. Yau na zo ban gan shi ba. Ba a fasa ƙofa ba." Ya yi ƙasa da murya. "Ba na son in zargi kowa. Amma mutum ɗaya ne ke kwana a gidan."

Duk wanda ya ce ba ya son ya zargi kowa, to da sunan ya zo a bakinsa.

Mu nan Penang mun san ƙungiyar makaɗan gogen su Lionel. Su huɗu ne. Lionel ne shugaba, mai goge na farko, ana ce masa Encik Lionel, wato Malam Lionel. Suraya ke riƙe da na biyu. Madam Pushpa ke da ƙaton nan da ake tsayarwa tsakanin gwiwoyi. Na huɗun shi ne Biak Lian, mai matsakaicin goge mai kaurin murya da suke kira biyola. Ɗan ƙabilar Chin ne, ya gudo daga ƙasar Bama shekara tara da suka wuce. Ba shi da fasfo, sai katin gudun hijira, shi ma ba hukumar ƙasar nan ce ta ba shi ba. Fuskarsa ce ta fi girma a kowace fosta tasu, domin ita ke sa masu kuɗin unguwar Gurney share hawaye kafin a kawo abinci.

Irinsa, idan aka same shi da laifin sata, daga kurkuku sai sansanin baƙin haure, daga can kuma sai ƙasar da ya gudo. Lionel ya san haka. Kowa ya sani.

Sufeto ya ɗauki Saje Mazlan suka tafi. Tsohon gidan bene ne, ɗakin gwaji a ƙasa, Biak a wani ɗan ƙuƙut a sama inda rufin ke yoyo. Ba a yi minti biyar ana bincike ba Saje ya durƙusa ya leƙa ƙarƙashin gado.

"Ga shi nan, Tuan."

"Kada ka jawo shi tukuna."

Sufeto ya kwanta rub da ciki duk da tumbinsa. Akwatin gogen ba a ƙasa yake ba. An ɗora shi a kan littattafai biyu masu kauri, nesa da bangon da ke tsatsafar ruwa. Da aka buɗe, gogen na naɗe cikin ƙyallen siliki, an jera masa ƙananan ƙunshin nan masu shanye laima har guda shida, sababbi fil.

"Wannan ɓarawo akwai tausayi," in ji Sufeto. "Ko uwata ba ta taɓa kwantar da ni haka ba."

Lionel ya dafe ƙirji ya dubi Biak da ke tsaye a bakin ƙofa. "Bayan duk abin da muka yi maka?"

Biak ya miƙa hannuwansa tun kafin a nemi ankwa, abin da ya ba Sufeto haushi fiye da turaren Lionel.

A ofis aka rubuta gogen cikin kayan shaida aka kulle. Sufeto ya sa aka kawo wa Biak shinkafa da miyar kifi, ya zauna yana kallonsa. Mutum ne siriri, ya kai shekara arba'in, da baƙin tabo a gefen wuya inda biyola ke zama.

"Ina kake jiya Lahadi?"

"Coci, Tuan. A Jelutong. Daga takwas zuwa biyu."

"Wa ke da makullin gidan?"

"Mu huɗun duka."

"Ka ɗauki gogen?"

"In kai shi ina? Ko gadar Penang ba na tsallakawa sai gabana ya faɗi."

"Akwai rigima tsakaninku?"

"Babu. Sai dai maganar zuwa birnin Biyana, a Turai. An gayyace mu wasa can nan da wata biyu. Ni ba zan iya tafiya ba, ba takarda."

"Me suka ce?"

"Encik Lionel ya ce ko dai mu tafi mu huɗu ko kuwa ba mai tafiya. A gaban 'yan jarida ya faɗa. Har aka tafa masa."

"Ka yarda da shi?"

"Shekara bakwai ina zaune a gefensa, Tuan. Idan zai ja numfashi kafin ya fara kiɗa, ni na fi kowa sanin lokacin." Ya ture farantin. "Na yarda."

Washegari Sufeto ya kira matan biyu. Madam Pushpa ta zo da tabarau a kan goshi, Suraya ta zo da hankici.

"Kamar ƙane yake a wurinmu," in ji Madam Pushpa.

"Kun je kun gan shi? Yana bayan wannan bangon."

"Ai ba ma son mu shiga aikin hukuma."

"Kun taɓa maganar kawo wani a madadinsa?"

"Ko da wasa," in ji Suraya, tana danna hankici a idon da ba ɗigon hawaye.

Ranar Laraba da hantsi Sufeto ya koma gidan benen ba tare da ya gaya wa kowa ba. Tun daga titi ya ji kiɗa. Ya tsaya rabin awa a bakin ƙofa yana saurare, sannan ya tura ta. Kujeru huɗu, mutum huɗu. A kujerar Biak wata mace ce zaune da biyola, Lionel kuma na ta jan baka a kan wani goge ja.

Kiɗan ya tsaya.

"Ku ci gaba mana," in ji Sufeto. "Na ga makokin ya yi sauƙi."

"Muna da wasa ranar Asabar, Tuan," in ji Lionel. "Dole mu nemi mai taimako. Wannan Miss Cheah ce, daga Kuala Lumpur."

Sufeto ya zagaya bayan matar ya dubi takardun kiɗan da ke gabanta. Bai san ko ɗigo ɗaya a ciki ba. Amma ya ga kwafi ne, da 'yan rubuce-rubucen hannu a gefe, wasu da harufan Bama masu zagaye. Ya ga kuma gefen takardun ya yi laushi, har da tabon kofi.

"Miss Cheah, yaushe aka ba ki waɗannan?"

Ta dubi Lionel. Lionel ya dubi silin.

"Ni nake tambaya, ba shi ba."

"Sati biyu ke nan," ta ce. "An ce mini mai biyolar ba shi da lafiya, zai huta."

Madam Pushpa ta sauko da tabaraunta ta shiga duba wani abu a takardarta da gaggawa.

"Shiri ne kawai na ko-ta-kwana," in ji Lionel. "Ba laifi ba ne."

"Ba laifi ba ne," Sufeto ya amsa. "Wannan jan gogen fa?"

"Tsohona ne na makaranta. Shekara goma ban taɓa shi ba. Da kuka riƙe nawa ranar Litinin na ciro shi daga saman kabad, na sa masa tsirkiyoyi."

"Ranar Litinin."

"Da yamma."

A duk tsibirin mutum ɗaya ne ke gyaran irin waɗannan kaya, wani tsoho mai suna Ooi, kowa Kawu yake ce masa. Shagonsa na warin ƙaro da danko. Sufeto ya same shi yana ɗaura izga a jikin baka.

"Kawu, ina da tambayar jahili. Idan aka sa wa goge sababbin tsirkiyoyi yau, za a iya wasa da shi jibi?"

"Ya danganta da tsirkiyar. Ta ƙarfe, eh. Amma manyan nan na hanjin dabba suke so. Ita kuwa sai ta yi ta miƙewa, musamman a laimar nan tamu. Ka ɗaure, ta saki. Kwana goma kafin ta zauna."

"Na tsaya rabin awa a bakin ƙofa ina jin Lionel Yeoh. Sau ɗaya ban ji ya tsaya ɗaure tsirkiya ba."

"To me zai ɗaure? Ai ta zauna. Ni na sa masa da hannuna."

"Yaushe?"

"Ranar da aka yi ruwan nan da ya cika titi. Sati biyu ke nan." Kawu ya ajiye bakan. "Har na ce masa, kai da ke da na Italiya me za ka yi da wannan kwandon? Ya ce in dai tabbatar tsirkiyar ta zauna kafin Asabar ɗin wasa. Ya sayi ƙunshin shanye laima guda shida ya tafi."

"Ka ji an kama Biak?"

Tsohon ya yi tsaki. "Na ji. Sau ɗaya ya tsinci baka mai tsada a bas, ya yi kwana uku yana neman mai shi. Amma wa zai tambaye ni?"

Ranar Alhamis da ƙarfe huɗu ana shan shayi a gidan Datin Rosalind, matar wani mai sarauta kuma uwar ƙungiyar, wadda ke ɗaukar nauyinsu. An riga an cire fostar da ke falo, sai shatin wurin a bango. Sufeto ya shigo da Saje Mazlan, bai cire takalmi ba, kuma da gangan ya yi.

"Encik Lionel, minti biyu."

"Faɗi a nan, Tuan. Ba ni da abin ɓoyewa."

"To shi ke nan. Yaya aka yi ka san sati biyu da suka wuce cewa gogenka zai kasance a hannun 'yan sanda ranar Asabar?"

Cokulan shayi suka daina motsi.

"Ban gane ba."

"Ka gane. Ka san muna riƙe kayan shaida. Ka san tsirkiyar hanji na son kwana goma. Ba za ka iya jure ka hau dandamali da goge mai sakin murya ba, sai ka kai wa Kawu Ooi tun da wuri. Sannan ranar Lahadi, mutumin yana coci, ka hau bene. Har can ma hannunka ya kasa ajiye gogen a ƙasa. Littattafai biyu, siliki, ƙunshi shida. Kawu ya ƙirga maka su."

Lionel ya dubi Suraya. Ta sunkuyar da kai. Ya dubi Madam Pushpa. Ita kek take yankawa.

"Shekara goma sha biyu ina jiran gayyatar nan," ya ce a hankali. "Me kake so in yi? In ce masa ya tafi? Fuskarsa na kan kowace fosta. Na yi alkawari a gaban 'yan jarida. Me mutane za su ce a kaina?"

"Sai ka ga gara su ce shi ɓarawo ne."

"Ban yi nufin a mayar da shi ƙasarsu ba. Na ɗauka za ku ɗan tsorata shi, ni kuma in fito in ce na yafe masa, ya kama gabansa."

"Ka yafe masa," in ji Sufeto. "Wato har ladan ma kai za ka kwashe."

Datin Rosalind ta ajiye kofinta. "Sufeto, ba za a iya gama wannan a cikin gida ba? Mijina ya san manyanku."

"Ki gaishe shi, Datin. Saje, ankwa."

Lionel ya ja hannunsa baya. "A hankali da yatsuna."

Saje Mazlan ya danna ƙarfen yadda yake danna wa kowa, ya tisa ƙeyarsa ta tsakiyar baƙin zuwa mota.

Kafin ƙarfe shida aka fito da Biak. Aka mayar masa da bel ɗinsa da agogo da katinsa. Sufeto ya gaya masa yadda aka yi, bai rage komai ba. Biak ya saurara har ƙarshe, bai zagi kowa ba.

"Matan suna waje cikin mota," in ji Sufeto. "Sun ce dama su ba su taɓa yarda ka yi ba. Suna tambaya ko za ka iya wasan Asabar."

Biak ya leƙa ta taga. Suraya ta ɗaga masa hannu da hankicinta. Ya dawo ya tsaya gaban tebur.

"Tuan, ina roƙon abu ɗaya."

"Faɗi."

"Ka rubuta mini a takarda cewa ba ni na ɗauka ba. Da hatimi."

"Ai an rufe maganar. Ba wanda zai sake tayar da ita."

"A shingen bincike ba sa sanin an rufe. Sun dai ga hotona a jarida ranar Talata."

Sufeto ya jawo takarda mai tambarin ofis. Ya tambayi yadda ake rubuta cikakken sunan, harafi bayan harafi, ya rubuta layi uku, ya sa hannu, ya buga hatimi da ƙarfi har kofin shayinsa ya yi tsalle.

Biak ya karanta sau biyu. Ya hura tawadar ta bushe, ya ninke takardar ya sa a aljihun ƙirji.

"Shekara tara," ya ce, "wannan ce takarda ta farko da hukumar ƙasar nan ta rubuta sunana a kai."

"Kuma abin da ta iya faɗa a kanka ke nan, wai kai ba ɓarawo ba ne."

"Ya ishe ni yau, Tuan. Akwai wata ƙofa ta baya?"

Sufeto ya tashi da kansa ya buɗe masa.