Aron Hular Kwana Ɗaya

"Ƙarya kake yi, Mujtaba! Mu uku ne ke da mabuɗin falon nan, kuma ni ba zan saci kayan ubana ba."

"To ni ne zan sata? Shekara ashirin ina riƙe masa jaka, ya Sulafa, tun kina kuka a ba ki alawa."

"Ai shi ya sa ka san abin da ya fi daraja!"

A kan wannan Sufeto Zubairu ya shigo, safiyar Laraba, babu wanda ya amsa masa sallama. Gida ne babba a Omdurman, ba nisa da kogi, gidan Ustaz Hazim Salih. Duk wanda ya taɓa zama gaban talabijin a ƙasar nan ya san fuskarsa. Shekara arba'in da ɗoriya yana wasa, ya fito a alƙali, ya fito a attajiri, ya mutu a fim ya fi sau goma, ga shi nan da ransa, gashi baƙi wuluk. Wai na Allah ne. To, mu dai ba mu ce komai ba.

Masu faɗan kuwa, Sulafa 'yarsa ce tilo, Mujtaba kuma shi ke shirya masa duk harkokinsa.

"Janabu, zo ka gani," in ji Ustaz, da Larabcinsa mai santsi irin na rediyo. Haka ake kiran babban ɗan sanda a nan. "Gobe Alhamis mutanen talabijin za su zo ɗakin nan su karrama ni, ƙasa duka tana kallo. Dubi abin da aka yi mini."

Kabad ce ta gilashi cike da kyaututtuka. Kofuna, garkuwoyi, da takardun yabo a cikin firam. A saman duka akwai gurbi biyu babu komai.

"Me aka ɗauka?"

"Farantin tagulla, kyautata ta farko. Da hular Baba Dauda."

Sufeto bai tambayi wane ne Baba Dauda ba. Wa bai san shi ba? Tsohon Bafallace, kamar yadda ake kiran Bahaushe a ƙasar nan, mai gasa agashe a wancan wasan na da, mai tafiya yana jan ƙafa, yana kakkarya Larabci, yana sosa ƙeya ta ƙarƙashin hula. Garin nan ya sha dariya. Shi Zubairu Bahaushe ne ɗan Bahri, tsallaken kogi, kuma shekara uku 'yan ajinsu suna kiransa da sunan nan. Ya dai buɗe littafinsa.

Ya duba ƙofa, ba a fasa ba. Ya duba kabad, an rufe ta yadda take. Ya shafa yatsa a gurbin farantin, ya ɗaga ya duba. Tas. Ya shafa a ƙarƙashin kofin da ke kusa, nan ma tas.

"Ɓarawon ya bar masu ruwan zinariya ya ɗauki tagulla da tsohuwar hula," ya ce. "Ya kuma tsaya ya goge ƙura."

"Ko me ya goge, ka rubuta ƙara," in ji Ustaz. "Ko wane ne, ina so a ɗaure shi. Kuma ina son hulata kafin gobe."

Sufeto ya ja Mujtaba zuwa baranda.

"Jiya ina kake?"

"Ina Bahri, Janabu, tun safe har magariba. Ban tako unguwar nan ba."

"Ko sau ɗaya?"

"Wallahi."

Sufeto ya tsallaka titi ya zauna wajen mai shayi a gindin bishiya, ya ce a ba shi jabana, gahawar nan tasu, da citta. Da gwamnati za ta ji shawara, da masu shayi ta ɗauka aikin ɗan sanda, an huta. Kafin kofin ya huce ya ji cewa motar Mujtaba ta tsaya ƙofar gidan da azahar, ya ji tayar baya ta kusa mutuwa, har ya ji dalilin da matar likitan maƙwabta ta koma gidansu, abin da bai tambaya ba.

Ya koma ya samu Mujtaba yana share gumi.

"Motarka ta zo ita kaɗai ke nan?"

Mujtaba ya waiga wajen falo, ya rage murya. "Saƙo na kawo. Ustaz ya ce kada kowa ya sani, har Sulafa."

"Saƙon wa?"

"Na Hajja Laraba, mai wanki. Duk Talata take zuwa daga Aljirif. Ya ce in gaya mata kada ta leƙo gidan nan ranar Alhamis, ko da wasa."

"Me ya sa?"

"Ban tambaya ba. Ita ce ma ta tambaye ni abin da za a yi. Na ce Ustaz zai sa hular ya yi musu Baba Dauda sau ɗaya na ƙarshe."

"Sai ta ce me?"

"Ta ce, 'Hular zai sa?' Na ce e. Ta ci gaba da matse zaninta."

"Tana shiga falon?"

"Ita ke goge shi. Sulafa ke ba ta mabuɗi ta..." Sai ya dafe kai. Kun ga halin mutane. Mutum uku suke ta ƙirgawa, mai tsintsiya ba ta shiga lissafi.

Sulafa kuwa cewa ta yi sam. "Hajja Laraba? Ina shekara shida ta fara zuwa gidan nan. Ko cokali bai taɓa ɓata ba. Ranar da mamata ta rasu, a cinyarta na yi kuka."

Sufeto bai koma wajen Ustaz ba. Ya shiga mota ya haye gada, ya ratsa Khartoum, ya nufi Aljirif.

Can bakin kogi hayaƙin masu gasa bulo yana tashi, jar ƙasa ta rina komai har awaki. Aka nuna masa wani ƙaramin gida mai ƙofar kwano. A tsakar gida ya samu tsohuwa siririya zaune kan gadon igiya tana tsince wake. Ta haura saba'in, amma idon nan nata kamar na shaho.

"Sannu da gida, Inna," ya ce da Hausa.

Ta ɗago. "A'a! Ɗan sanda da bakinmu? Kai ɗan wa ne?"

Ya faɗa mata. Ta san kakarsa, ta san wadda ta yi wa uwarsa kitson aure, ta kuma san abin da ya raba kawunsa da matarsa ta fari. Da ƙyar ya samu ya jefa tambaya.

"Inna, an ɗauki faranti da hula a gidan Ustaz."

"Subhanallahi. Duniya ta lalace."

"Ba ki gan su ba jiya?"

"Ni idona a kan datti yake, ɗan nan, ba a kan kayan mutane ba."

"Wa kike zaune da shi a nan?"

"Ni da Allah da kaji shida. Maigidan ya rasu shekara ashirin da biyar."

Sufeto ya miƙe kamar mai miƙe ƙafa. A kan katanga, inda rana ta fi bugawa, an kifa wata ƙaramar tukunya, girmanta daidai kan mutum. Ya taɓa ta. Gindinta na da danƙo, ga farin zobe ya kewaye ta inda sitaci ya bushe. Haka uwarsa ke yi wa hulunan babansa: a wanke, a sa sitaci, a ɗora kan tukunya ta bushe a tsaye.

"Inna, wa ke sa hula a gidan da babu namiji?"

Ta ci gaba da tsintar wakenta.

Ya juya wajen randa. A ƙarƙashinta, inda ruwa ke ɗiga, kaza biyu suna sha a wani faranti rawaya mai rubutu a baki.

Tsohuwa ta bi idonsa, sai ta yi 'yar dariya. "Ai gara a nan. Shekara arba'in bai shayar da kowa ba." Ta ajiye tiren wake, ta shiga ɗaki, ta fito ta yafa mayafi, da wani ƙulli a hammata. "Ba zan yi magana a nan ba. Ka kai ni gabansa."

Bayan la'asar suka isa Omdurman. Ustaz yana falo yana gwada rawani a madubi, Sulafa da Mujtaba kowa ya juya wa ɗan'uwansa baya. Da ya ga wadda ke bayan Sufeto, rawanin ya warware a hannunsa.

Sufeto ya ajiye farantin a kan tebur. Har da ɗan gashin kaza a jiki.

"Ni na ɗauka," in ji Laraba, da Larabci, don kowa ya ji. Ta kwance ƙullin. Hular ta fito tsaye, fara sol, ɗinkin ya fito kamar jiya aka yi. "Ban yi niyyar wanke ta ba. Na ga dauɗar da ke bakinta ne, zuciyata ta ƙi."

"Hajja, me ya sa?" in ji Sulafa.

"Saboda tana da mai ita, 'yar nan. Mahaifina, Malam Dauda, mai agashe a bakin kasuwa. Ko sunan ba a sauya ba. Ƙafar da ake ja, garwashi ne ya ƙone ta. Wata rana wani saurayi ya zo ya ce a ara masa hular kwana ɗaya, zai yi wasa da ita. Tsoho ya cire daga kansa ya ba shi, har da addu'a."

Ta shafa bakin hular, ta ci gaba.

"Da aka nuna wasan, yara suka riƙa binsa a kasuwa suna jan ƙafa. Masu saye su ce sai ya yi maganar kafin su karɓi nama. Wata biyu ya daure. Daga nan ya kashe wutarsa ya shiga ɗaki, bai ƙara fitowa ba sai a makara. Ranar da aka ba da farantin nan, ranar muke sadakar bakwai. Ni kuwa da mijina ya rasu, na zo ƙofar nan, aka ce in riƙa zuwa Talata, amma in riƙe bakina. Na riƙe. Na goge gilashin nan sau dubu, hular tana kallona. Amma a sake sa ta gobe, a sake ja masa ƙafa yana kabari? A'a."

Ta juya ta dubi Ustaz, ta koma Hausa. "Ko ƙarya na yi, Mainasara?"

Sulafa ta dubi ubanta. "Baba, me ta ce? Wane ne Mainasara?"

Sufeto ya rufe littafinsa. "Ustaz, tambaya ɗaya ta rage. In hular ta mahaifinta ce, kuma mahaifinka ne, to gado ne, kuma maganar gida ce, ba tawa ba. In ba haka ba, sata ce. Wace ce ita a wurinka?"

 Ustaz ya dubi Sulafa, ya dubi Mujtaba, ya dubi kujerun da aka jera wa baƙin gobe. Laraba kuma tana tsaye tana jira. Wannan bayan nata da ya ranƙwafa, shi ne ya goya shi daga gonakin Jazira har garin nan.

Ya gyara murya. "Ta daɗe tana yi mana aiki," ya ce da Larabcin nan nasa. "Tsufa ne. Na yafe mata, Janabu. Na janye ƙarar."

Wallahi da marinta ya yi da ya fi sauƙi.

Laraba ta gyaɗa kai a hankali. Ta naɗe hular a ƙullinta, ta maida hammata.

"Riƙe yafiyarka, maigida. Ni ba ta ishe ni ba." Ta dubi Sufeto. "Ka ji da kunnenka, ɗan nan. Mai wanki ce ta saci kayan mutane. Mu tafi."

"Inna, sa hannu kawai za ki yi a ofis, a rufe takarda."

"Ko me za a yi, a can za a yi."

Ta wuce gaba, Sufeto yana biye da ita kamar shi aka kama. Sulafa tana ta faɗin "Baba, wace ce? Baba!" Sai da tsohuwa ta kama marikin ƙofar waje sannan Ustaz ya samu muryarsa, wata 'yar siririya, ba ta talabijin ba.

"Yaya," ya ce.

Ba ta waiwayo ba. Ta bari Sufeto ya fita, ta bi bayansa, ta jawo ƙofar ƙarfen da duk ƙarfin da ya rage mata, garam!