Auta da Gadar Mataki na Tara

Akwai wata yarinya 'yar aji biyar. Ita ce ƙarama a gidansu, shi ya sa kowa ke ce mata Auta. Auta tana da kirki, tana da ƙoƙari a makaranta. Aibinta ɗaya ne tak. Ba ta son a ce wani ya fi ta iya abu.

Ranar da yayanta zai koma makarantar kwana, ya buɗe durowarsa ya ciro gem ɗinsa na hannu, wato 'yar na'urar wasa. Tsoho ne, launin toka, an manne bayansa da salatef.

"Riƙe, Auta," in ji shi. "Can ba a barinmu da shi. Ki kula da cajarsa, kar ki jefar."

Auta ta yi ta murna har da tsalle.

Wasan na wani ɗan kwaɗo ne mai jar hula. Yana tsallake ramuka da koguna, yana tsintar taurari a hanya. Mataki arba'in ne duka. Duk inda ka tsaya, gem ɗin zai ajiye maka, gobe ka ci gaba daga nan. Amma wurin ajiyar guda ɗaya ne.

Da Auta ta kunna, sai ta ga lamba ta fito da launin zinare: mataki na talatin da takwas. Nan Yaya ya tsaya, bayan ya yi shekara guda yana fama.

Ta danna ta fara. Ko ƙirga uku ba ta yi ba, ɗan kwaɗo ya faɗa rami. Ta sake, ya sake faɗawa. Daga ranar ta daina matsawa gaba. Sai dai ta riƙa canza masa hula, tana yawo da shi a bakin ramin. Ita dai lambar nan take so ta riƙa gani.

Auta tana da ƙawa a gidan da ke kusa da nasu. Ajinsu ɗaya, bencinsu ɗaya. Ana ce mata Kurciya, don ba ta da hayaniya ko kaɗan. Ita ma tana da irin wannan gem ɗin, gwaggonta ce ta saya mata.

Ran Asabar da yamma suka zauna a baranda, kowa da nata a hannu. Kurciya ta leƙo, ta ga lambar. Ta buɗe baki.

"Talatin da takwas? Ke kika kai nan?"

Ga gaskiya nan a bakin Auta, saura ta fito. Amma ta ga yadda Kurciya ke kallonta, sai abin ya yi mata daɗi.

"To wa zai kai mini?" in ji ta. "Ai ba wuya."

"Ni kuwa ina na tara," in ji Kurciya a hankali. "Akwai wata gada ta katako. Kina hawa sai katakon ya riƙa zubewa. Tsoronta nake ji."

"Wannan 'yar gadar? Ido rufe nake wuce ta."

Kai, Auta da baki! Gadar da ko ganinta ba ta taɓa yi ba.

Kurciya ta nuna mata taurarinta. Guda sittin ne cif. Wata biyu ta yi tana tara su. Duk faɗuwa ɗaya tana cin tauraro ɗaya. In suka ƙare kuwa, wasan zai mayar da mutum baya, har mataki na shida.

"Don Allah ki tsallakar mini da shi," in ji Kurciya. Ta miƙo gem ɗinta da hannu biyu. "Ki tafi da shi gida, gobe ki kawo mini."

Auta ta karɓa. Ta yi murmushi kamar ta iya.

Washegari da safe ta shiga ɗaki ta turo ƙofa. Ta ce a ranta, mataki na tara ai wasan yara ne. Ta hau gadar. Katako na farko ya wuce lafiya, na biyu ma haka. A na uku, ɗan kwaɗo ya yi tsulum cikin ruwa.

Tauraro ɗaya ya tafi.

Ta gwada da gudu, ya faɗa. Ta gwada a hankali, ya faɗa. Ta danna madannai biyu lokaci guda, ya yi wani tsalle na banza ya faɗa. Taurari suka koma arba'in. Suka koma ashirin da biyar.

A nan ya kamata ta tsaya. Amma ina, kunya ta hana ta. "Saura sau ɗaya," take ta cewa.

Da tauraro na ƙarshe ya tafi, gem ɗin ya yi wani ɗan kiɗa mai ban tausayi. Gadar ta ɓace. Ɗan kwaɗo ya dawo mataki na shida, ba shi da ko tauraro ɗaya.

Auta ta zauna a bakin gado. Aikin wata biyu na ƙawarta ta ƙarar kafin a gama shara.

Da yamma Kurciya ta zo da fara'arta.

"Kin wuce?"

Auta ta miƙa mata gem ɗin ba ta kalle ta ba. "Naki ne ba shi da kyau. Madannin tsallen ya yi tauri."

Kurciya ta kunna. Ta daɗe tana kallon lambar shida. Idanunta suka cika da hawaye, amma ba ta bari sun zubo ba.

"Ba komai," in ji ta. "Zan ce wa Babanmu ya kai wa mai gyara."

Ta juya ta tafi gida. Da ma ta yi faɗa, da ya fi wa Auta sauƙi.

Ran Litinin a aji, Kurciya ta ara mata abin goge rubutu kamar kullum. Har ta matsa mata wuri a benci. Auta ta kasa haɗa ido da ita. Da aka tashi, ta riga kowa fita.

Maman Auta tela ce. Keken ɗinkinta yana bakin taga a falo, ga yadi a jibge a kan kujera, ga zare kala-kala cikin tsohon gwangwani. Da Auta ta shigo, Mama na zaune da reza a hannu, tana farke hannun wata riga.

"Ga abincinki can a rufe," in ji Mama.

"Na ƙoshi."

Mama ta ɗago kai ta dube ta ta saman tabarau. "Jiya kin ƙoshi, yau kin ƙoshi. Iska kike ci a makarantar? Zo nan ki zauna."

Auta ta zauna a ƙasa kusa da ƙafar keken. Ta ɗauki wani guntun zare tana naɗewa a yatsa. Can sai kuka ya ƙwace mata. Ta faɗi komai, tun daga lambar Yaya har zuwa maganar mai gyara.

Mama ba ta katse ta ba. Da ta gama, Mama ta ce, "To, ƙarya nawa ke nan?"

"Biyu."

"Ta farkon ce ta haifi ta biyun. In kika ƙyale su, ta ukun tana hanya. Babanta zai ɗauki abu mai lafiya ya kai wa mai gyara, duk saboda ke."

Auta ta share hanci. "Mama, in na faɗa mata za ta daina kula ni."

"Wataƙila ta yi fushi, kuma tana da gaskiya. Amma kin ga rigar nan?" Mama ta ɗaga hannun rigar. "Tun daga kafaɗa na karkace ɗinkin. Sai da na kai ƙasa na lura. Da na ci gaba, da mai rigar ta sa ta ga hannu ɗaya ya fi ɗaya tsawo."

"Shi ne kike farkewa duka?"

"Duka. Haushi nake ji, ba na ɓoye miki. Amma daga inda na kuskure zan koma."

Auta ta kalli zaren da ke zubewa a ƙasa. Can ta ce, "Mama, ina so in goge na Yaya. In fara daga ɗaya."

"Naki ne da za ki goge?"

"A'a."

"To sai ki tambayi mai shi. Yau ana ba su Yayanki waya da ƙarfe biyar. Kafin nan, kin san inda za ki."

Auta ta sani. Ta wanke fuska, ta sa takalmi, ta ƙwanƙwasa ƙofar su Kurciya. Tafiyar taku goma ce, amma ta yi mata nisa.

Kurciya ce ta buɗe.

"Gem ɗinki lafiyarsa ƙalau," in ji Auta da sauri, kafin tsoro ya hana ta. "Ni ce ban iya ba. Yaya ne ya kai talatin da takwas, ba ni ba. Ban taɓa ganin gadar nan ba sai a naki. Ki yi haƙuri."

Kurciya ta tsaya tana kallonta. "Ai na gwada madannin jiya. Na ga yana aiki."

"Kin sani ke nan?"

"Na sani. Jira nake in ga ko za ki faɗa." Ta ɗan ɓata fuska. "Na ji haushinki sosai, Auta. Wata biyu fa."

"Zan taya ki tara su. Ko zai kai wata uku."

"Ke da ba ki iya ba?"

"Zan koya."

Kurciya ta yi ƙoƙarin riƙe fushinta, amma dariya ta suɓuce mata. Auta ta ji numfashinta ya dawo daidai. Rabonta da jin haka tun ran Asabar.

Da ƙarfe biyar Mama ta kira makarantar Yaya, ta miƙa wa Auta wayar. Auta ta gaya masa abin da ya faru. Yaya ya yi ta dariya har da tari.

"Ido rufe kike wuce gadar? Ni sati uku na yi a kanta."

"Yaya, in goge naka? Shekara guda fa ka yi."

"Goge, Auta. Lambar kawai za ta tafi. Iyawar tana yatsuna, ba mai goge ta."

"To faɗa mini yadda ake wuce gadar."

"Ba zan faɗa ba. Mataki na huɗu zai koya miki rabi, na bakwai ya koya miki sauran."

Auta ta ɗauki gem ɗin ta fita baranda. Kurciya ta zo ta zauna kusa da ita. Auta ta danna inda aka rubuta "Sabon wasa". Wata tambaya ta fito: "Za a goge duk abin da aka ajiye. An tabbata?"

Ta kalli lambar zinaren nan sau ɗaya. Ta danna "E".

Fuskar gem ɗin ta yi fari, sannan ta kawo. Ga ɗan kwaɗo a kan koriyar ciyawa, ko hula babu. A sama an rubuta: mataki na ɗaya.

Auta ta zaci za ta yi kuka. Sai ta ji ta saki dogon numfashi. Yanzu ba abin da take ɓoyewa. Nan take ta ji yunwa ta taso mata, ta ruga ciki ta cinye abincin nan tas.

Daga ranar, in sun gama aikin gida da na makaranta, sai su zauna a baranda na rabin awa. A mataki na huɗu Auta ta koyi dogon tsalle: sai ka riƙe madannin, ba ka saki da wuri ba. A na biyar ta gano taurari bakwai a bayan wani dutse, ta nuna wa Kurciya. A na bakwai ta koyi abin da ya fi ba ta wuya, wato jira.

Bayan sati biyar, su biyun suka iso gadar. Kurciya ta tara taurari sittin da huɗu.

"Ke fara," in ji Auta.

Kurciya ta hau. Katako na ɗaya, katako na biyu.

"Tsaya a na uku," in ji Auta. "Jira ya yi rawa sau biyu. Ɗaya. Biyu. Yanzu riƙe madannin."

Ɗan kwaɗo ya tashi sama, ya wuce katakon da ke zubewa, ya dira a ɗaya gefen. Kurciya, wadda ba a jin muryarta, ta yi ihun da sai da Mama ta leƙo ta taga da almakashi a hannu.

Auta kuwa sai da ta faɗa ruwa sau huɗu kafin ta wuce. Ba ta ɓoye ba, ba ta ce madanni ne ba.

Da aka yi hutu Yaya ya dawo gida. Ya ajiye jaka, ya ce, "Ina mai gem? Mataki na nawa?"

"Goma sha ɗaya," in ji Auta.

"Daga talatin da takwas zuwa goma sha ɗaya? An ci baya."

"Amma ni na kai da kaina."

Yaya ya dafa kanta. Mama tana taka keke, ta ce ba tare da ta ɗago ba, "Ƙaramin abin da ka yi da hannunka ya fi babban da ka ara ka ce naka ne. In kuma ka yi ƙarya, koma ka gyara ta tun ba ta cuci wani ba."

Auta ta ji, ta riƙe. Ta miƙa wa Yaya gem ɗin, ta ce ya gwada gadar a gani ko yatsun nasa ba su manta ba. Ya faɗa ruwa a katako na uku, ita da Kurciya suka yi ta yi masa dariya.