Saƙon da Bot Ya Amsa

"Yaya, zo ki gani... na shiga uku."

Auta na tsaye gaban kwamfutarta, tana nuna allo. Yayarta ta ajiye dutsen guga ta matso.

Shekara biyu ke nan Auta na soyayya da Maharbi, saurayin da suka haɗu a wasan intanet: shi yana harbin dodanni, ita tana warkar da raunukansa. Ummarsa ta ce atafau ba za ta karɓi surukar cikin wasa ba, shi kuwa bai fasa lallashi ba.

Da jarrabawa ta matso, Walƙiya, wata 'yar ƙungiyarsu ta wasan mai zaƙin baki, ta turo mata bot, manhajar da ke buga wasa a madadin mutum har ta amsa saƙo.

"Kada makinki na wasa ya zube, ƙawata. Ba wanda zai gane."

Auta kuwa sarkin wayo ta kunna, ta kashe waya, ta rungumi littattafai sati uku cur. Sai yau ta buɗe saƙonnin Maharbi, ta ga amsoshin da bot ya ba shi.

"Zumata, Umma ta amince. In turo manya?"

"Madalla, mu ci gaba da farauta!"

"Umma na asibiti, ki sa ta a addu'a."

"Madalla, mu ci gaba da farauta!"

"Umma ta rasu da safe."

Amsar ba ta canja ba.

Yaya ta toshe baki tana salati. Auta ta lalubo waya ta kira shi, kuka ya ci ƙarfinta.

"Nurina, wallahi ba ni ba ce..."

"Na sani," ya ce a hankali. "Tun saƙo na biyu na gane."

"To ka yafe mini."

"Na yafe. Amma sau tara ina kiran wayarki ranar jana'iza. Kin tanadi mai tsare miki maki, ni ba ki bar mini ko kalma ɗaya ba."

"Walƙiya ce ta..."

"Ita ta ba ki, ke kika kunna. Na bar wasan, Auta. Zancen manya ma na bar shi. Allah Ya ba ki sa'ar jarrabawa."

Ya katse.

Ta ɗaga ido ga allo: ga makinta ya ninka, ga jarumarta ta cikin wasan tsaye a bakin gadar da suka saba haɗuwa, tana ta watsa magani a inda babu kowa.

Yaya ce ta miƙa hannu ta zare wayar wuta.