Tsohuwar da Ta Gaida Suri

A wani zamani can da, akwai wasu halittu da ake kira Raɓawa. Jikinsu na raɓa ne, kuma idan ɗayansu ya yi gaisuwa ba a amsa ba, sai ya fara bushewa.

Wata safiya, wata yarinya daga cikinsu ta hangi tsohuwar da ta yi mata faɗa jiya tana tsaye gaban suri. Idon tsohuwar ya yi rauni, ta ɗauka baƙo ne.

"Ina kwana, baƙo?" in ji tsohuwar.

Suri bai amsa ba. Yatsunta suka fara bushewa.

"Ina kwana, baƙo?"

Suri bai amsa ba. Hannunta ya fara bushewa.

Yarinyar ta tuna faɗan jiya, ta juya za ta tafi. Sai ta ji gaisuwa ta uku, muryar ta dushe. Ta ruga ta ɓuya bayan surin.

"Lafiya lau, Iya! Ina gajiya?"

"Ba gajiya," in ji tsohuwar, jikinta ya sake yin danshi.

Yarinyar ta yi ajiyar zuciya.

Tsohuwar ta yi dariya ta ce, "Baƙo, muryarka sak ta wata mara kunya da na sani. Fito, ja'ira, ki raka ni gida."