Dosiyen Musbahu Yana Kotu

Ranar da Musbahu ya fara shiga shagon fotokofi na Alhaji Hamidou a unguwar London ta birnin Libreville, takardu ne cike da hannunsa. Rauda, 'yar mai shagon, ita ce a kan na'ura.

"Uku-uku za a yi mini," ya ce.

Tana ɗora takardun ta ga tambarin kotu. "Kai ka kai ƙara, ko kai aka kai?"

"Ni na kai. Ofishinmu na kai."

Ta ɗago ta dube shi sosai. Shi ma ya dube ta, har na'ura ta gama aiki bai sani ba.

Musbahu haifaffen Libreville ne, mahaifinsa Bakano, mahaifiyarsa 'yar Gabon. Ma'aikacin gwamnati ne, yana duba katakon da ake fitarwa ta tashar jiragen ruwa ta Owendo. Wata rana ya ƙi sa hannu a takardar da awonta bai yi daidai ba, shugabansa ya rubuta masa gargaɗi, shi kuma ya je kotu a soke shi. Tun daga nan duk shekarar da aka fitar da sunayen masu ƙarin girma, babu nasa. In ya tambayi inda aka kwana kan fayil ɗinsa sai a ce, "Dosiyenka yana kotu, jira a gama." Shekara uku ke nan. Waɗanda ya koya wa aiki sun zama na gaba da shi.

Ya riƙa zuwa shagon ko da ba shi da takarda. Ita ta sa masa suna Mai Ƙara, shi yana ce mata Raudata. Bayan wata biyar ya tura magabatansa.

Alhaji Hamidou ya ƙi. "Shekara talatin da barina Maraɗi, da katin zama nake garin nan, ban taɓa taka ƙofar kotu ba. Yanzu in haɗa zuri'a da mai shari'a da gwamnati? Ranar sabunta kati wa zai tsaya mini?" Ya ce ga Zakiru nan, mai manyan motoci da gida a unguwar masu kuɗi ta Batterie IV, shi ma ya nuna yana so.

Musbahu ya ɗauke ƙafa kwana goma. Sai wata ƙawar Rauda ta gan shi a wani shago ana buga masa takarda. Rauda ta ɗauka ya haƙura da ita ne, ta tura masa saƙo:

"In ka fasa, ka faɗa mini da bakinka. Ba sai ka canja shago ba."

Ya amsa: "Raudata, takardar janye ƙara na buga. Shugabana ya ce in na janye, sunana zai fito bana, Baba kuma hankalinsa ya kwanta. Kunyar ki gani nake ji."

"Mai Ƙara, kar ka miƙa ta. In ka janye ka amsa laifin da ba ka yi ba. Shari'ar gargaɗi daban, ƙarin girmanka daban. Wa ya yanke maka hukunci da za a tsayar da kai? Ka tambayi lauyarka. Ni zan jira."

Bai miƙa ba. Lauyar ta shigar da buƙata ta biyu, cewa a duba cancantarsa kamar kowa tunda ba a same shi da laifi ba. Rauda kuma ta gaya wa Zakiru gaskiya a mutunce, ya janye.

Wata bakwai aka yi kafin alƙali ya amince. Da sunaye suka fito, na Musbahu ne na huɗu.

Ya kai wa Alhaji takardar da kansa, ya durƙusa. Alhaji ya sa tabarau ya karanta har ƙasa.

"Ita babbar shari'ar fa?"

"Tana nan, Baba. Ban san ranar gama ta ba."

"Kuma ba su kore ka ba?"

"Ba su kore ni ba."

Alhaji ya cire tabarau. "Ni tsoro ne ya zaunar da ni lafiya a garin nan. Ban ce ku ma sai kun gaje shi ba. Ka turo manyanka."

Aka ɗaura aure ranar Asabar bayan azahar, 'yan Kano da 'yan Maraɗi da dangin mahaifiyar ango suka cika layin. Da za a tafi da amarya, Alhaji ya dafa kanta.

"Allah ya yi muku albarka, ya ba ku zaman lafiya." Ya juya ga ango. "In an sa ranar zaman kotu ka gaya mini. Zan rufe shago mu je tare."